Fim ɗin da Sanusi ya ƙi yankewa

Shekara tara ke nan da muka binne abokina Sanusi, malamin firamare a Anka, bayan ya sha jinyar ƙoda. Abin da ya bari fim ne na minti sha biyu, wanda muka ɗauka da kyamarar aro a wani ƙauyen Bukkuyum.

Labarin wata mata ne da mijinta ke kawo dutsen zinari tana daka masa a turmin da take surfe. 'Yarsu ta fara jijjiga saboda gubar dalmar da ke cikin dutsen, mijin ya hana a kai ta asibiti don kada ma'aikata su rufe ramin da yake haƙa. Asabe mai ɗinki ta fito a matar, ni na fito a mijin. Fim ɗin ya ƙare tana bakin zaure da goyo, ga muryata tana matsowa. Ba a nuna ko ta fita ba. Ran da muka haska shi a Gummi, mata suka miƙe suna ce mata ta ruga. Na yi wata biyu masu fura ba sa amsa sallamata.

Masu ramuka suka aiko a cire wurin turmin, wai mun tona asirin gari. Na ji tsoro, na ba shi shawarar mu sassauta. Ya dube ni ya ce, "Wanga abu cikin gidajenmu yaf faru. Ba ni yanke ko daƙiƙa guda."

Yau ƙauyen nan ba ya shiguwa saboda 'yan bindiga, Asabe ma gudun hijira take a Anka. Haƙar kuwa ba ta tsaya ba. Da Sanusi na nan, na san ba zaman makoki zai yi ba, aron wata kyamarar zai tafi.

Bana wani mai rami ya tare ni, ya ce in goge fim ɗin, tunda maganar gubar dalma ta wuce. Na ce masa ba ta wuce ba, akwai kaburburan yara da zan iya kai shi ya gani. A gabansa na tura wa mutum uku fim ɗin ta waya.

Watan jiya wata mata ta gane ni ne mijin cikin fim ɗin a tashar Gummi, tana riƙe da hannun 'yarta mai kayan makaranta. Ba ta gaishe ni ba. Ta ce, "Ni dai na fita."