Ka Tsara Mana Shekara Ɗari, Ba Ka Ga La'asar Ba

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un.

Mu ne Shugaban Babbar Majalisar Masana Gobe ta Duniya, wanda takardun digirinsa suka cika bango har sai da aka ƙara wani bangon. Muna zaune a ofishinmu muna sa hannu a kan al'amura masu nauyi, labari ya iske mu cewa a safiyar Talata, tara ga watan Safar, Allah ya karɓi ran babban abokinmu, mai kamfanin nan na na'urori wanda da wuya ka ɗauki waya ba ka taɓa wani abu nasa ba. Ya faɗi ne a ofishinsa da ke hawan ƙarshe, tsakanin tebur da taga, da takardar jawabi a hannu. Jawabin a kan yadda duniya za ta kasance nan da shekara ɗari ne. Kafin la'asar an rufe mai jawabin.

Ya kai marigayi, duniya ta san ka da baki. Kai ne ka hau talabijin ka ce akwatin zaɓe ya tsufa. Ka ce a miƙa rabon arzikin ƙasa ga inji, domin inji ba shi da suruki, ba shi da ƙanin mata, kuma ba a kai masa gaisuwa ta bayan gida. 'Yan siyasa suka ce kuɗi ne ya hau maka kai. Talakawa suka ce sai wanda ya ƙoshi yake hangen shekara ɗari. Matasa kuwa suka riƙa yanka maganganunka suna tura wa juna kamar magani. Ka ce jikokinmu za su yi noma a wata duniyar. Ka ce aikin hannu ya kusa ƙarewa. Wata rana ma ka ce mutuwa ciwo ce kamar zazzaɓi, maganinta ne kawai ba a gano ba. A nan Majalisarmu ta saɓa da kai, don ko yaron da bai wuce allo ba ya san ajali ba ya shan ƙwaya. Mun dai shaida cewa da ka dawo gida ka ce tsufa da ciwo kake nufi, ba ajali ba, kuma mun sha ganin goshinka a ƙasa. Baki ne, in ya saba da lasifika yakan riga mai shi.

Amma akwai abin da masu zaginka ba su gani ba. Da aka sa ƙofar gilashi mai buɗe kanta a ginin kamfani, dattijon da ya daɗe yana buɗe maka ƙofa ya koma gefe da hula a hannu, yana kallon gilashi yana yi masa aikinsa. Ka wuce shi da safe, ka kai bakin lif, ka dawo. Ka kira masu gyara ka ce su cire idon ƙofar. Suka ce, ranka ya daɗe, ai lafiyarta lau. Ka ce, "Na sani. Ku cire." Har yau baƙi suna mamakin kamfanin da ke shirin kai mutane sama amma ƙofarsa sai an tura. A cikin makon da aka yi haka kuwa ka sake hawa talabijin ka ce aikin hannu ya ƙare.

An kuma ba mu labarin wani taubashinka, autan kawunka, shaƙiyyin yaro wanda ban da allo bai karanta komai ba, kuma ban da kwaikwayon muryar mutane bai iya komai ba. Wata rana ya buga wa sakatariyarka waya da muryarka, har da gyaran muryar nan da kake yi kafin magana, ya ce kowa ya tashi da azahar, an ba da hutu. Ka dawo daga taro ka tarar da kujeru suna kallon juna. Da aka gano mai laifi, ka same shi ya ɓuya a ɗakin mahaifiyarka, wato goggonsa. Ka ce, "Ɗan kawu, maimaita in ji." Ya maimaita. Ka yi dariya har ka riƙe ƙofa. Ba ka yanke wa kowa albashi ba. Sai dai ka karɓi wayar yaron ka ce za ka gyara masa, kuma daga ranar duk wanda ya kira shi sai ta ɗaga murya a cikin jama'a ta ce mai wayar nan bai yi wanka ba. Majalisarmu tana ganin wannan hukunci ya yi tsanani.

Sai mahaifiyarka. Duk inda kake a duniya, da hantsi sai wayarta ta yi ƙara. Kai da kake cika zaure da magana, a gabanta ba ka da ta cewa. Ita ce mai jawabi. "Jiya na ji ka a akwatin nan kana cewa za ka kai mutane duniyar wata. Fara zuwa ka duba famfon gidan nan tukuna, yana ɗiga." Kai kuwa sai gyaran murya, sai "To, Inna." In kana gari, ƙarshen mako kakan tuɓe takalmi a bakin ƙofarta, ka kashe waya ka jefa cikin takalmin, ka zauna a ƙasa ka ɗora ƙafarta a cinyarka kana yanke mata farce, tana faɗa maka wa ya haihu, wa ka daɗe ba ka gaishe shi ba.

Abin da ya sa muka ɗauki alƙalami ke nan, domin abin da ya biyo bayan tafiyarka ya kamata ka ji.

Lokacin da ka rasu ba a daɗe da sallamo ta daga asibiti ba. Zuciya ce, kuma likita ya ce kada a kai mata labarin da zai girgiza ta. Ƙanwarka, wadda duk gida ake kira Alƙaliya saboda in ta yanke ba a ɗaukaka ƙara, ta ce kada kowa ya faɗa. Aka yi zaman makoki a gidanka. A gidan tsohuwa kuwa aka ɗauke rediyo aka ce ya lalace, aka zare wayar talabijin, aka ce ka yi tafiya inda waya ba ta shiga. Ta yi haƙuri na 'yan kwanaki, sannan ta ture kwano. Ta ce, "Yaron nan ko a cikin jirgi yake sai ya kira." Abinci ya daina shiga, magani ma sai da lallashi.

Sai ga mataimakinka, wanda ake kira Mai Kwat, ya zo falonka da kwamfuta a hammata. Ya ce a kwantar da hankali, kamfani yana da injin da aka daɗe ana zuba masa jawabanka, yana magana da muryarka sak, shi zai riƙa kiran Hajiya. Alƙaliya ta ce a gwada. Ta matsa kusa ta ce, "Yaya, ka karya kuwa?" Sai muryarka ta cika ɗakin: "Wannan tambaya ce mai muhimmanci. Nan gaba kaɗan ɗan adam ba zai buƙaci zama cin abinci ba." Matarka ta miƙe ta fita da mayafi a baki. Ƙaramar 'yarka ta rugo ta leƙa bayan kwamfutar tana kiran Baba. Mai Kwat ya rufe abinsa, bai iya ɗaga kai ba. Ba mugunta ya yi ba, Allah ya sani. Sun tara duk abin da ka faɗa wa duniya, ba su san cewa a gaban mahaifiyarka shiru kake yi ba.

Nan Alƙaliya ta juya ta kalli taubashin nan naka a bakin ƙofa.

"Kai, shaƙiyyi. Yau shaƙiyancinka zai yi rana."

"Anti, ki rufa mini asiri. Wancan wasa ne."

"So kake mu rufe biyu?"

Washegari da hantsi aka ba shi wayarka. Ya tsaya a barandar gidan tsohuwa, bango ɗaya ne tsakaninsu, yana jin ƙarar wayarta ta cikin ɗaki. Ta ɗauka.

"Yaron nan, sai yau?"

Ya yi gyaran murya irin naka. "To, Inna."

Ta yi faɗa son ranta. Ta ce wace irin tafiya ce wannan, ta ce muryarka kamar ta mai mura, ka daina kwana cikin sanyin na'ura. Ta ce farcenta ya yi tsawo. Yaron yana ta "To, Inna", hawaye yana shiga masa baki. Da za ta ajiye sai ta ce, "Allah ya ja kwana. Allah ya sa kai za ka rufe ni."

A ranar ta ci abinci. Kowa ya ce alhamdu lillahi. Yaron kaɗai ya koma kan matakala ya zauna. Bai san lissafin zuciya irin na likita ba, amma ya san kana kwance a inda tsawon rai ba ya amfaninka da komai. Abin da kake buƙata shi ne Allah ya jiƙanka, daga bakin da ya fi kowane baki a kanka, kuma su ne suka tsaya suka tare hanya. Gobe ma za ta roƙa maka tsawon kwana, jibi ma haka, kuma shi ne zai ce amin.

Ya sami Alƙaliya a ɗakin girki ya ce ba zai sake ba.

"In wani abu ya same ta, a wuyanka yake."

"Na ji, Anti. Amma kowa ya yi masa addu'a. Har waɗanda suka zage shi sun ce Allah ya jiƙansa. Ita kaɗai aka hana."

Alƙaliya ta daɗe tana wanke kofi ɗaya. Sannan ta goge hannu ta kira likita, ta ce ya zo ya zauna a falo da jakarsa.

Ita da yaron suka shiga tare. Tsohuwa tana kishingiɗe, carbi a hannu, kwalaben magani a jere a kan tebur kusa da gurbin da rediyo yake a da. Alƙaliya ta durƙusa a gefen katifa. Yaron ne ya faɗa. Yatsun tsohuwa suka tsaya a kan carbi. Aka ji ɗigar famfon nan daga tsakar gida. Can ta yi salati, ta ce daga Allah muke gare shi za mu koma, sannan ta tambaya, "Yaushe?"

"Talata, Goggo."

"Wanda ya kira ni ɗazu fa?"

"Ni ne."

"Matso."

Ya matsa yana jiran mari, kuma da ta mare shi da ya ji sauƙi. Sai ta kama kunnensa ta riƙe, ba ta murɗa ba. Ta ce, "Kada ka ƙara. Bar masa muryarsa ya tafi da ita."

Sannan ta ɗaga hannu. Kai ɗan fari ne, duk tsawon rayuwarka babu wanda ya taɓa jin sunanka a bakinta, kullum yaron nan, yaron nan. Ran nan ta faɗe shi. Ta kira ka da sunanka cikakke, a hankali, kamar mai tashin yaro daga barci, ta ce ta yafe maka duniya da lahira, ta ce Allah ya jiƙanka. Alƙaliya ta kifa kai a kan katifa. Likita bai buɗe jakarsa ba. Tsohuwa tana nan, tana ci kaɗan-kaɗan, kuma kowane hantsi, daidai lokacin da wayar take ƙara a da, takan juya gabas.

Ko injinka zai yi mulki, ko jikoki za su yi noma a sama, wannan masu rai su yi ta gardama. Mu dai mun ga ka matsa wa kanka da damuwar mutanen da ba a haifa ba tukuna, kuma hakan bai sa ka manta da dattijon bakin ƙofa ba. Inda ka yi daidai Allah ya ninka maka. Inda harshe ya zarce Allah ya yafe. Allah ya haskaka makwancinka, ya yalwata shi, ya sauƙaƙa maka tambaya, ya sa Aljanna ce makoma. Muna miƙa ta'aziyya ga mahaifiyarka, Allah ya riƙe mata zuciyarta. Ga matarka da 'ya'yanka, Allah ya zama gatansu, ya raya su a kan alheri. Ga ƙanwarka da ta ɗauki nauyin da ya fi ƙarfinta, ga Mai Kwat da dukan ma'aikata, Allah ya ba da haƙuri. In tamu ta zo Allah ya sa mu cika da imani.

Saura magana ɗaya, don bai kyautu a rufe addu'a da ƙarya ba. Babu wata Majalisar Masana Gobe. Babu digiri, babu bango. Ni ne, Yaya, ɗan kawunka. Na kai wannan rubutu ofis da sunana, aka ce shafin ta'aziyyar kamfani na manyan mutane ne, ni kuwa ka san ba a hana ni shiga ta ƙofa in rasa taga. Boko ma a waya na tsince shi, in an ga kuskure a yi mini uzuri. Goggo ta hana ni aron muryarka, sai na aro ta wani, saboda tawa in na fara maganarka karyewa take yi. Amma wannan ta ƙarshen ba za ta aru ba, dole da tawa zan faɗe ta.

Allah ya jiƙanka, Yaya.