Jujin da ke Gindin Kwakwa

A zangon Badagiri na tashi, inda itatuwan kwakwa suka fi mutane yawa. Da an idar da magariba, kakata Iya Kande za ta tura ɓawon kwakwa cikin murhu, hayaƙi ya kori sauro, mu jikoki mu zagaye ta. Ni ce mai katse ta da tambaya.

"Ke Hajo, bakin nan naki ba ya hutu ne? Bari in kai ƙarshe!"

Tatsuniyar da ta fi maimaitawa ta wani manomi ce mai kwakwa ɗaya tal, yana ji da ita kamar 'yarsa. Don ƙauna ya tara mata taki da ruɓaɓɓen kututture a gindi. Sai ga buzuzu mai ƙaho ya yi sallama: "Baba, ara mini jujin nan in ajiye 'ya'yana." Manomi ya ce bismilla. 'Ya'yan suka ƙoshi, suka yi fukafukai, suka hau sama suna huda zuciyar kwakwa. Kullum manomi ya hau da ƙugiyar waya ya zaƙulo ɗaya, ya sauko ya ƙara wa juji taki. Har kwakwa ta sunkuyar da kai ta mutu.

"To, wa ya kashe ta?" in ji Iya.

"Buzuzu!"

"Ji shashashai. Wa ya ba shi masauki?"

Yanzu a Riyad ta Saudiyya nake. Maigidana Malam Sani ke kula da dabinon kafil ɗinsa, wato ubangidan da ya tsaya masa, a wani lambu bayan unguwar Suwaidi. Wata shekara ganye ya riƙa fitowa a huje, yana karyewa. Kafil ya ce in itatuwan suka mutu, ba batun sabunta mana iƙama, takardar izinin zama. Malam ya yi ta feshi, a banza. Wata Juma'a na bi shi, sai ga tulin takin tumaki jiƙe sharkaf a gindin kowanne.

"Malam, ashe kai ne mai masaukin. Miƙo shebur."

"Hajo, taki ne fa."

"Tona ka gani."

Gwazarma ce fal, 'ya'yan buzuzu, fara ƙal, kowace kamar babban yatsa. Muka baza takin, zafin ranar Riyad ya gama da su. Malam ya ƙone ruɓaɓɓun kututturan da ke lambun, ya zuba yashi a hammatar ganye don toshe wa buzuzu hanya. Dabino ya farfaɗo, mu ma muna nan.

Sai da na aurar da 'ya na koyi riƙe alƙalami, amma wannan karatun a gaban murhu na ɗauke shi. Har yau in abu ya fara lalace mini, ba sama nake fara kallo ba. Gindi nake tonawa, in ga me na tara da hannuna.