Limancin Asham da Ya Ci Min Yatsa

Assalamu alaikum, Edita. A shekarun da Dutse ta zama babban birnin jiha, ni saurayi ne mai ji da kansa, ɗan malamin zaure daga wani ƙauye a ƙasar Ringim. Na haddace Alƙur'ani a gaban mahaifina, na yi makarantar Arabiyya, aka ɗauke ni koyarwa a Dutse. Ni da na tashi da silifa, sai ga ni cikin takalmi sau-ciki mai tsinin baki. Tun ranar da na saye shi yake matse min ƙafa, amma na ƙi rabuwa da shi don kada abokan aiki su ce baƙauye ya shigo gari.

Ba a jima ba farcen babban yatsana na dama ya fara shigewa cikin nama. Duk Juma'a sai in miƙa wa mai yankan farce ƙafata, in ce ya ƙwaƙule gefen sosai. In ɗan ji sauƙi, farcen ya sake fitowa ya fi da nutsewa. Na gasa da ruwan gishiri, na ƙunsa lalle, har man birki wani direba ya ɗiga min. Da wurin ya kumbura ya tara mugunya, sai na kai kaina asibiti dab da azumi. Likita ya yi min allurar kashe zafi, ya cire gefen farcen, ya naɗe da bandeji. Ya ce aikin ƙarami ne, jinyar ce babba. Kada ruwa ya taɓa, kada in taka da ƙarfi, in riƙa zuwa wankin ciwo, kafin azumi ya raba na warke. Ya ce in yi salla a zaune, wajen alwala in shafa kan bandejin. Har murmushi na yi, wai ni za a koya wa babin shafa, abin da nake karantar da ɗalibai.

A shekarar ne ƙarfin Malam, wato mahaifina, ya ja baya, idonsa ma ya yi rauni. Ya aiko cewa tunda hutun makaranta ya zo daidai, ni zan ja sallar asham a masallacin ƙofar gidanmu, in sauke Alƙur'ani cikin watan kamar yadda yake yi tun kafin a haife ni. Tun ina yaro nake jiran wannan rana. Na kuma san a wurinmu mai salla a zaune ba ya jan na tsaye. In na ce ba ni da lafiya ƙanena za a tura gaba, shi ma mahaddaci ne, ni kuwa a lokacin ba zan iya haɗiye wannan ba. Kafin in isa gida na kwance bandejin na yar, na sa safa. Wanda ya tambayi ɗingishin sai in ce tuntuɓe na yi.

Haka na riƙa alwala a ɗaki, ina wanke ɗanyen ciwo da ruwan rijiya, in taka rairayi zuwa masallaci, in yi doguwar tsayuwa. Duk mai salla ya san a kan wane yatsa ake kafa ƙafar dama a zaman tahiya. Nakan ji azabar har tsakiyar kaina, amma da an yi sallama dattawa suka ce Malam ya yi magaji, sai in manta. Wannan yabon shi ne kaɗai maganin da na sha a watan.

Da wata ya raba, kaluluwa ta fito min, zazzaɓi ya rufe ni, wurin ya fara wari. Ran nan ana asham na yi sujada na kasa tasowa. Ƙanena ya matso daga sahu ya ƙarasa da jama'a. Bayan sallama Malam ya lalubo ƙafata ya ji safar a jiƙe, ya sa aka matso da fitila aka cire ta. Bai yi faɗa ba, da ma ya yi da na fi jin sauƙi. Ya tambaye ni babin shafa da ya karantar da ni, don wa ya karantar. Ya ce shi ma wata shekara kurkunu ya kwantar da shi, wani ya ja rabin farko, shi ya karɓa ya sauke, kuma da na gaya masa haka zai yi min. Sannan a hankali ya ce in tambayi raina, wannan tsayuwar don wa nake yin ta.

A asibitin Dutse aka ce ciwon ya ci ƙashi, sai an yanke gaɓa ɗaya ta yatsan. A gado na yi goman ƙarshe, ina taimama, ina salla a kwance, ni da na raina ta zaune. Ƙanena ya sauke Alƙur'ani, ya zo min da dabinon sauka, ya ce riƙe min wurin kawai ya yi, baɗi nawa ne. Baɗin ya zo na kuwa ja asham, sai dai Malam ya rasu kafin a ga wata. Abin da ya fi yatsan yi min ciwo ke nan, bai taɓa jin saukata a masallacinsa ba.

Na rubuto ne don masu raina ƙaramin ciwo irina. Ku yanke farcen ƙafa a miƙe, ku daina ƙwaƙule gefe, takalmin da ya matse ku bar shi ko nawa kuka saye shi. In aka yi muku aiki, ku ba jinya haƙƙinta, kuma ku gaya wa na gida gaskiya. Sauƙin da Allah Ya yi wa marar lafiya ba abin kunya ba ne, ni na ji kunyarsa saboda idon mutane. Yau na manyanta, ina jan asham a kan buzun Malam, kuma duk zaman tahiya in na zo kafa ƙafata ta ƙi tsayawa, sai tambayarsa ta dawo min. Allah Ya jiƙansa, mu kuma Ya tsarkake mana niyya.