Sunan Babana a Layin Masu Dahuwa

Shekarun baya, wata Litinin da ƙarfe goma da kwata, aka manna takarda a ƙofar buron lakol ɗinmu, wato ofishin makarantarmu, can wajen Cadawa. An fita hutun safe, kowa ya ruga wajen mai ƙosai. Ni kuwa ba na iya wuce rubutu ban karanta ba, ko na jikin buhun shinkafa ne.

Takardar ta ce hukumar gari za ta ɗauki ma'aikatan lakol da suka cika shekara biyar, ta riƙa biyansu albashi, har da ƙarin matsayi. Mahaifiyata ta shekara tara tana dafa wa ɗalibai abinci, kwamitin iyaye na ba ta rabin abin da yake ba gardi mai tsaron ƙofa. Na bi layin masu dahuwa da yatsa. Babu sunanta. Sunan babana ne a wurin, mutumin da ban taɓa gani ya hura wuta ba.

Ban gaya wa kowa ba. Na ware bayan littafin lissafina na fara rubuta motsinsa. Talata ya gaisa da darakta, shugaban lakol, a bakin masallaci, sun daɗe hannu cikin hannu. Laraba ya sayo sabuwar hula. Alhamis Inna ta ce an ce ana ɗaukar ma'aikata, ya ce, "Allah ya sa da rabonki," bai ɗago kai daga tuwo ba. Har layi biyu na ja a ƙarƙashin wannan. Yau in na tuna ina shekara goma sha huɗu ina gadin hular babana, dariya nake yi, amma a lokacin ko ruwa ya ce in kawo, sai na ajiye nesa da shi.

Ranar Juma'a na tsaya a ƙofar sakatare, wani dattijo mai tabarau, har sai da ya gaji da ganin inuwata.

"Ke 'yar mai tuwo, aljani ya riƙe miki baki ne? Shigo."

Na nuna masa sunan. Ya jawo tsohon littafin biya ya buɗe mini. Kowane wata sunan babana ne, da dangwalen yatsansa.

"Wanda ya fara riƙe kuɗin kwamiti baffan babanki ne," in ji shi. "Uwarki ta tsaya gaban surukinta ta miƙa hannu? Sai ta turo mijinta. Tsohon ya rasu, ba a sake sunan ba. Su kuma can hukuma takarda suke dubawa, ba su san wa ke gaban murhu ba."

Na yarda da rabi. Zuciyata ta ce, to shi da yake dangwalawa bai sani ba?

Da daren nan na faɗa a gida. Ranar Litinin babana ya sa ni gaba zuwa buro, don in karanta masa abin da za a rubuta. Darakta ya ce, "Malam, abin mai sauƙi ne. A bar sunan, ka karɓa ka kai mata. Ba gida ɗaya ba ne? In aka goge, shekarunta tara sun tafi, sai ta sake daga farko."

Babana ya ce a goge.

Inna ta yi wata guda ba ta yi masa magana ba sai gaisuwa. "An kawo mana abinci har baki ka ture," ta ce, sau ɗaya tak. Ni kuma na samo sabon zargi: kunya yake ji a ce da shi mai dahuwa a kasuwa, shi ya sa ya jefar da albashin.

Daga watan nan Inna ta fara shiga buro da kanta, mayafi har goshi, ta dangwala. Sai da ta sake shekara biyar a rabin kuɗi kafin a ɗauke ta. Yanzu ita ce shugabar masu dahuwa, kuma duk sabuwar da aka kawo, ita take kama hannunta ta kai ta buro ranar biya.

Har yau ina da saurin zargi, ban warke ba. Abin da na koya kawai shi ne in yi tambaya kafin in fara rubutu. Tambayar babana kuwa ta ɗauke ni shekara bakwai. Muna ɓarar gyaɗa a tsakar gida na ce, "Baba, don kada a ce maka mai dahuwa ne ka ƙi?"

Ya dube ni ya yi dariya har da tari.

"Ɗiyata, a ce mini mai wanke tukunya ma, ina ruwana? In na mutu fa? Albashin ya bi ni kabari, uwarki tana tsaye gaban murhu."