Ranar da na yi wa ofareta tsawa a London

"Ofareta, murya!"

Ni ne na miƙe na kwarara wa mai haska fim wannan ihun a wani gidan silima na Marylebone, zamanin da kuɗin fetur ya sa 'yan kwangila irina muke zuwa London sayen takalmi.

Dakta Sani ne ya kai ni, yayan Bilkisun da nake nema. Kallon ɗan sakandare yake yi mini, kuma in bai yarda ba, babu aure. Ya ce fim ɗin wani Bafaranshe ne, cikin waɗanda suka fara sana'ar a duniya.

Minti goma bakunan 'yan wasa na motsi, ba a jin komai sai wani tsoho da ke kaɗa fiyano. A Kano in murya ta ɗauke haka, har kakar ofareta sai ta sha zagi. Turawan nan kuwa tsit, kamar ana huɗuba.

Dakta ya fizgi rigata. "Malam Garba, rufa mana asiri! Lokacin da ya yi fim ɗin ba a iya sa murya ba."

"To ai sai mu taimaka masa," na ce.

Na zauna, na shiga sa wa 'yan wasan Hausa a baki: "Kai ɗan nema, sakar mini wuya!" Dakta ya toshe baki, dariya ta ƙwace masa, aka fitar da mu tare.

A bakin tashar tube, jirgin ƙarƙashin ƙasa, ya share hawaye ya ce, "Turo manyanka."

Wani abin kunyar alheri ne. Ku fa, wace kwaɓa ce ta taɓa yi muku rana?