Goɗiyar da ta jira masu kyamara

Har yau ban manta da ranar da masu ɗaukar fim suka sauka a gonar kiwonmu ta wajen Bungudu ba, cikin daminar 1998. Lokacin ni ne babban mai kula da barga, a ƙarƙashin ofisan dabbobi, Malam Sani. Aikinmu shi ne raya ƙuru, wato ƙaramin dokin nan na karkara da kowa ke rainawa, ga shi kuwa da jure yunwa da ƙuda. Irinsa ya kusa ƙarewa, don kowa ingarma yake so.

Goɗiya ɗaya tak ta rage mana wadda jininta bai gauraya ba, muna ce mata Hajjo. Na sha yawon ƙauyuka har ƙafata ta gaji kafin na samo namijin irinta wajen wani tsoho a Tsafe, Baba Ɗanjuma. Ya ce in kawo ta da wuri, don 'ya'yansa sun matsa a sayar da dokin.

Ku yara sababbin shiga aikin nan, ku sani goɗiya ba kullum take karɓar namiji ba, 'yan kwanaki ne, in sun wuce sai wani zagaye. To ranar da Hajjo ta nuna alama, ranar baƙin suka iso daga Gusau. Motar gonar ɗaya ce, aka ba su. Daraktan fim ɗin kuma ya ce goɗiyar ba ta zuwa ko'ina, ai dominta suka zo.

Na sami Malam Sani na ce, "Ranka shi daɗe, goɗiyag ga ba ta san kyamara ba, lokacinta na wucewa."

Ya ce in yi haƙuri, in aka nuna mu a talabijin manya za su tuna da gonar. Shi ma a gajiye yake, ban ga laifinsa ba.

Haka muka yi kwana da kwanaki muna jiran hasken rana. Hadari ya taso a tsaya, ya washe a ce in sake jawo ta ta gindin ɗorawa. Na wanke ta, na taje mata geza, na zagaya da ita har na ƙosa da ganin inuwata. Ko da suka tattara wayoyin na'urorinsu, Hajjo ta huce, lokacinta ya wuce.

Da ta sake nuna alama na kai ta Tsafe. Na tarar da Baba Ɗanjuma zaune kusa da turke, ba doki. Ya ce, "Mamman, kun makara. Fatake sun tahi da shi Kudu."

Raina ya ɓaci ƙwarai. Na shayar da ita muka juyo.

Fim ɗin ya yi kyau, an yaba mana. Hajjo kuwa ta tsufa a hannuna ba ta bar ɗa irinta ba. Abin da na koya shi ne, a aikin nan dabba ce ke da lokaci, ba oga ba, ba baƙo ba. In goɗiya ta nuna alama, ku kai ta ko da ƙafa ne, faɗan ya biyo baya.