Sunan 'Yar Farina

Ranar da 'yan bindiga suka shigo mana, sussuka nake yi. Kaka ce, gero ya yi kyau a duk karkarar Fakuwa, har mata na tsokanata wai bana zan yi ƙiba. Maigidana Malam Sale ya tafi gona tun bayan asuba. Da hantsi na dama fura, na ɗora wa 'yar farina ƙwarya ta kai masa. Shekararta goma sha ɗaya. Ban kira sunanta ba. A wajenmu uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari, kunya ce da muka gada. "Ke" nake ce mata, ita kuma ta san da ita nake.

Ba ta jima da fita ba na ji babura. Da yawa ne, daga yamma suke tafe. Kaji suka watse. Sai ƙarar bindiga, ɗaya, sannan ba ƙaƙƙautawa. Wani ya yi ihu a bayan danga: "Ga su nan! Ku tahi, ku tahi!"

Na suri ƙanenta Nasiru, na goya shi ko majanyi babu. Na faɗa cikin dawa. Ganye na yankar fuskata. Hayaƙi ya tashi daga wajen rumbuna.

A mararrabar bakin rafi na hango ta. Ƙwaryar na hannunta har lokacin. Tana bin iyalan Alhaji Dauda, yayan mijina, sun nufi gabas. Mu ayarinmu ya yi hanyar Kankia. Na buɗe baki. "Ke! Ke!" Mata sun cika hanya, kowace "ke" ce. Ba ta waiwayo ba. Sunan ya zo min maƙogwaro ya tsaya. Kafin in fitar da shi, harbi ya matso, wata mata ta fizge ni muka gangara rafi.

Da la'asar muka shiga Kankia, ƙafafuna duk ƙaya. Washegari aka ce min an sami Malam Sale a gonarsa, laujensa na gefe.

Yarinyar tana raye, an gan ta a wani ƙauye kusa da Bauranya, inda Alhaji Dauda ya sauka. Na yi godiya ga Allah, na aika a kawo min ita. Ya ce ɗiyar ƙanensa ce, shi ke da iko da ita. Ina cikin takaba, ba halin fita. Na zauna a ɗakin aro ina jiran kwanaki su cika, abin na cin raina. Ana cikin haka labari ya zo cewa ya fara neman wanda zai ba ita, wai a zamanin nan yarinya ba ta da mafaka sai ɗakin miji. Yarinyar da ko ƙirgen dangi ba ta fara ba!

Ina fita takaba na kai ƙara kotu. Ya zo, amma bai zo da ita ba. Ya tsaya gaban alƙali ya nuna ni da baki.

"Allah shi gafarta malam, wannan ko sunan ɗiyar ba ta faɗi. Mi ta sani game da ita?"

Shi ya fi kowa sanin dalili. Uwarsa ma ba ta taɓa faɗin nasa ba. Haushi ya rufe ni. Alƙali ya dube ni ya ce in faɗi sunan wadda nake nema.

"Sa'adatu," na ce. A gaban maza, a gaban baƙi. Ranar na fara jin sunan daga bakina.

Alƙali ya ce riƙon yarinya na uwarta ne. Ya ce doka ta hana a aurar da mai shekarunta, kuma duk wanda ya yi zai amsa. Ya ba da umarni a miƙo min ita ranar Litinin. Na fito ina kuka, ina jin na samu.

Litinin ta zo, ba su zo ba. Da azahar ma'aikacin kotu ya ɗauke ni a babur muka je. Gidan a buɗe yake. Murhu ya yi sanyi. Maƙwabta suka ce sun kwashe tun Juma'a, sun yi arewa, wataƙila sun ƙetare iyaka wajen Maraɗi. Ma'aikacin ya sunkuyar da kai, ya ce ikonsu bai kai can ba. Na tambaye shi wa zan gani. Ya juya ya nufi babur ɗinsa. A bayan ɗaki na ga ƙwaryata, an kife ta. Na ɗauko.

Damina biyu ke nan. Miji ya tafi, na san inda kabarinsa yake. Rumbu ya ƙone, na ga tokarsa. Ita ce ban san a hannun wa ta kwana ba. Hukuncin alƙali yana nan, ba wanda ya soke shi.

Yanzu ina faɗin sunan, safe da yamma, a bakin murhu, a bakin rijiya. Nasiru ya fara magana, ya kuma iya shi sarai. Jiya ya tambaye ni wace ce Sa'adatu.